Ninka Ɓangare na Ƙasa da Sifili da Cikakkiyar Lamba: Sharhi a kan Wani Daftarin Darasi

1.0 Gabatarwa

Daga cikin takardun da aka gabatar wa kwamitin nazarin manhaja domin a duba kafin a buga, akwai daftarin wani jagoran malami na lissafi da aka rubuta da Hausa don ƙananan makarantun sakandare. An ba ni babin da ya shafi ninka ɓangaren lamba na ƙasa da sifili da cikakkiyar lamba, wato irin lissafin nan na −2/3 × 4, domin in duba harshensa. Da na shiga aikin sai na tarar ba a iya raba harshen babin da lissafinsa, domin duk inda Hausar ta karkace, ma'anar lissafin ma ta karkace tare da ita. Wannan sharhi ya tattara abubuwan da na gani. Ba zan ambaci mawallafan ba, tun da aikin bai fito ba tukuna, kuma kurakuran da ke cikinsa ba nasu ne su kaɗai ba. Irin su ne ake ji a bakin malamai da dama a cikin aji. Manufata ita ce a gyara babin, a kuma samu abin dogaro wajen rubuta makamantansa.

2.0 Matsayin Darasin

Manufar Ilimi ta Ƙasa, tun bugunta na 1977 har zuwa gyare-gyaren 1981 da 1998 da 2004, ta tanadi a koyar da yaro da harshen uwa ko harshen da ya fi rinjaye a inda yake zaune a shekarun farko na firamare, daga nan Ingilishi ya karɓa. A 2022 gwamnatin tarayya ta amince da manufar harshe da ta faɗaɗa wannan zuwa shekara shida, sannan a Nuwamban 2025 Ma'aikatar Ilimi ta Tarayya ta sanar da janye ta, aka mayar da Ingilishi harshen koyarwa. Ko a wane lokaci daga cikin waɗannan, darasin da muke magana a kai da Ingilishi aka tsara shi, domin a manhajar shekara tara ta ilimin bai-ɗaya, wadda Hukumar Bincike da Bunƙasa Ilimi ta Nijeriya, wato NERDC, ta tsara, sai a ƙaramar sakandare ake shiga lissafin lambobin ƙasa da sifili sosai.

To amma duk wanda ya taɓa zama a bayan aji a Kano ko Gusau ko Azare ya san abin da ke faruwa. Malami yana rubuta ƙa'ida da Ingilishi a allo, idan ya juyo ya ga idanun yara sun yi zuru, sai ya koma Hausa ya yi bayani. Wannan bayanin na baka shi ne yake shiga kan ɗalibi, kuma shi ne babu wanda ya tsara masa kalmomi. Aikin tattara kalmomin kimiyya da lissafi cikin harsunan Nijeriya tara da aka buga a 1987 ya tsaya ne a matakin firamare. Shi kuwa Kamus na Keɓaɓɓun Kalmomi na 1990, wanda Farfesa Ɗalhatu Muhammad ya tace, harshe da adabi da dabarun koyarwa ya shafa. Ke nan mawallafan wannan daftari sun shiga filin da ba a share ba, kuma sun cancanci yabo a kan haka. Sai dai duk kalmar da suka zaɓa, idan aka buga ta, ita ce za ta zauna a bakin malamai shekara da shekaru. Shi ya sa ya wajaba a tsananta bincike tun yanzu.

3.0 Yadda Daftarin Ya Gabatar da Darasin

Babin ya buɗe da ƙa'ida mai mataki uku: a ninka lambar sama da cikakkiyar lambar, a bar lambar ƙasa yadda take, sannan a mayar da alamar ɗebewa gaban amsa. Daga nan aka kawo misalan da aka warware, aka bi su da aikin aji da aikin gida. Na bi misalan ɗaya bayan ɗaya ban sami amsar da ba daidai ba. Haka kuma mawallafan sun yi kyakkyawan zaɓi da suka kira sassan ɓangare “lambar sama” da “lambar ƙasa”, suka kuma karanta 3/4 da “uku bisa huɗu”, domin waɗannan kalmomi ne da yaro zai gane ba tare da an fassara masa ba. Rubutun ya bi daidaitacciyar Hausa, an kiyaye ƙa'idojin raba kalmomi da haɗe su. Matsalar babin ita ce ya koya wa ɗalibi yadda zai sami amsa, bai koya masa abin da amsar take nufi ba. Wannan ya bayyana a wurare biyar.

4.0 Wuraren da ke Buƙatar Gyara

4.1 Sunan Lambar

A cikin babi ɗaya an kira −2/3 da suna uku: wani wuri “ɓangare korau”, wani wuri “ɓangare mai ɗebewa”, sannan a wani wuri “ɓangare mara kyau”. Na ukun fassara ce ta kai-tsaye irin wadda na'urar fassara kan fitar, kuma ba shi da gurbi a littafin makaranta, domin lamba ba ta da kyau ko muni. “Korau” kuwa daga nahawu aka aro shi, inda yake kishiyantar “tabbatau”. A nahawu korewa tana nufin abu bai auku ba: “bai zo ba” yana kore zuwa. Ɗalibin da ya zo da wannan fahimta daga darasin Hausa zai ɗauka −2/3 na nufin babu biyu bisa uku, wato sifili ke nan, alhali kuwa −2/3 lamba ce mai gurbinta a layin lamba, tazararta da sifili daidai take da tazarar 2/3, sai dai a ɗaya ɓarin. Shi kuma “mai ɗebewa” ya cakuɗa abu biyu. Alamar nan ta − aiki uku take yi a lissafi: tana nuna a ɗebe, kamar a 7 − 2, tana nuna lamba tana ƙasa da sifili, kamar a −5, tana kuma nuna a juya lamba zuwa kishiyarta, kamar a −(−5). Ɗalibin da aka koya wa cewa alamar ɗebewa ce kurum, idan ya ga 4 × −2/3 yana iya karanta shi a matsayin 4 a ɗebe 2/3, ya kawo 3 da sulusi.

A nawa ganin, gara a kira irin waɗannan lambobi “lambobin ƙasa da sifili”, sannan a karanta −2/3 da “kishiyar biyu bisa uku”. Yara sun san “kishiyar kalma” tun firamare, kuma wannan karatu zai ci gaba da aiki idan aka shiga aljabara, inda −x ba lallai ne ta kasance ƙasa da sifili ba. Haka nan ya kamata a bambanta cikakkun lambobi na ƙirga, wato 0, 1, 2, 3 zuwa sama, da babban rukunin da ya haɗa da −1, −2, −3. Daftarin ya kira duka biyun “cikakkiyar lamba”, bai faɗa wa malami cewa rukuni na farko kaɗai babin ya shafa ba.

4.2 Kalmar “Sau” da Jerin Lambobi

Wannan ita ce matsalar da ta fi ɗaukar hankalina, domin daga ginin jimlar Hausa ta taso. Idan Bahaushe ya ce “biyar sau uku”, abin da ake maimaitawa shi ne ya zo da farko, adadin maimaitawar kuma ya biyo bayan “sau”: biyar, da biyar, da biyar. Haka muke cewa “ya sha magani sau uku”. A Ingilishi kuwa adadin maimaitawar ne kan zo da farko a karatun alamar ×. Saboda haka littafin Ingilishi yakan rubuta 4 × (−2/3) yana nufin −2/3 har sau huɗu, kuma mai karatu da Ingilishi yana jin sa daidai.

Mawallafan sun kwafo wannan jeri yadda yake. Sakamakon haka, malamin da ya karanta daga hagu zuwa dama zai ce “huɗu sau kishiyar biyu bisa uku”. Me wannan yake nufi a kunnen yaro ɗan shekara goma sha uku? Ana iya yin abu sau biyu ko sau goma, amma babu mai yin abu sau ƙasa da sifili. An fara darasin ke nan da jimlar da ba ta da ma'ana a harshen da aka zaɓa don a sauƙaƙa shi. Da an juya jerin aka rubuta −2/3 × 4, da karatun ya zama “kishiyar biyu bisa uku sau huɗu”, wanda yake nufin (−2/3) + (−2/3) + (−2/3) + (−2/3), wato −8/3. Daga baya, bayan ɗalibi ya tabbatar da cewa sauya gurbin lambobi ba ya sauya amsar ninkawa, sai a nuna masa ɗaya jerin. Wannan gyara ba ya buƙatar ƙarin shafi ko ɗaya, amma sai wanda ya karanta lissafin a bayyane da Hausa zai ga buƙatarsa.

4.3 Watsi da Sunayen Ɓangarori

Hausa tana da sunayen ɓangarori da ta daɗe da su, yawancinsu daga Larabci: rabi, sulusi, rubu'i, humusi, sudusi, subu'i, sumuni, tusu'i da ushiri. Da su ake rabon gado, inda kason magada yake rabi ko rubu'i ko sumuni, ko sulusi biyu ko sulusi ko sudusi. Da su kuma ake fitar da zakka: ushiri a amfanin gonar da ruwan sama ya shayar, rabin ushiri a na ban-ruwa mai wahala, rubu'in ushiri a kuɗi. Yaro da yawa ya ji waɗannan kalmomi a makarantar Islamiyya ko a bakin iyayensa. Daftarin bai yi amfani da ko ɗaya daga cikinsu ba in ban da rabi.

Asarar da aka yi a nan ta shafi lissafin kansa. Kuskuren da ya fi yawa a wannan darasi shi ne ɗalibi ya ninka sama da ƙasa duka, ya rubuta −2/3 × 4 = −8/12, domin ya tuna darasin ɓangarori masu daraja ɗaya inda ake yin haka. Idan ya rage −8/12 sai ya koma −2/3, wato inda ya fara, kuma sau da yawa ba ya lura. Amma idan aka karanta 2/3 da “sulusi biyu”, sai “sulusi” ya zama suna, “biyu” ya zama adadi, daidai da “mudu biyu”. Babu yaron da za a ce masa mudu biyu sau huɗu ya taɓa kalmar “mudu”. Zai ce mudu takwas. Haka sulusi biyu sau huɗu zai zama sulusi takwas, wato 8/3, kishiyarsa kuma −8/3. Umurnin nan na “a bar lambar ƙasa yadda take”, wanda daftarin ya bayar ba tare da dalili ba, ga dalilinsa nan a cikin ginin yankin suna na Hausa.

4.4 “Ninkawa” da Zaton Ƙaruwa

“Ninka” da “ruɓanya” duka suna ɗauke da ma'anar ƙaruwa a maganar yau da kullum. Idan aka ce farashi ya ninka, kowa ya san ya hau. Ɗalibi yana shigowa aji da wannan zato, don haka idan aka tambaye shi wace ce ta fi girma tsakanin −2/3 da −8/3, zai zaɓi ta biyu, tun da ita ce ta fito daga ninkawa kuma 8 ta fi 2. Gaskiyar ita ce −8/3 ta fi nisa da sifili, amma ta fi ƙanƙanta, kamar yadda wanda ake bi mudu takwas ya fi wanda ake bi mudu biyu rashi. Babu tambaya ko ɗaya a aikin ajin da ta nemi ɗalibi ya kwatanta amsarsa da lambar da ya fara da ita, kuma babu layin lamba a babin gaba ɗaya. Haka nan ba a kawo ninkawa da 1 ko da 0 ba, alhali su ne suke nuna cewa −2/3 × 1 tana nan inda take, −2/3 × 0 kuma sifili ce, wadda ba ta sama ba ta ƙasa, ba ta kuma ɗaukar alama.

Akwai wani tarko makamancin wannan a lamba mai haɗe da ɓangare. −1½ tana nufin kishiyar ɗaya da rabi gaba ɗaya. Ɗalibin da ya ɗauka alamar ta tsaya kan 1 kaɗai zai lissafa −1½ × 4 ta hanyar cewa −1 × 4 = −4, ½ × 4 = 2, ya tara ya sami −2, alhali amsar −6 ce. Daftarin ya kauce wa wannan da umurnin a mayar da lambar −3/2 kafin a ninka. Umurnin daidai ne, sai dai ya ɓoye kuskuren bai warkar da shi ba, kuma zai sake fitowa a aljabara.

4.5 Misalan Rayuwa

Misalin rayuwa ɗaya tak babin ya kawo, shi ne na ma'aunin zafi da yake sauka ƙasa da sifili a lokacin ƙanƙara. Wannan daga littattafan ƙasashen sanyi aka kwaso shi. Ɗalibin Sakkwato ko Nguru ya san sanyin hunturu, amma bai san yanayin da ruwa ke daskarewa a waje ba, saboda haka an ba shi baƙon abu don a bayyana masa wani baƙon abu. Ga misalai a ƙofar gidansa. Idan gida yana karɓar bashin rabin mudun gero kullum daga mai awo har kwana bakwai, lissafin shi ne −½ × 7 = −7/2, wato bashin mudu uku da rabi. Idan ruwan rijiya yana sauka rubu'in mita kowane mako a lokacin rani, aka sa alamar sifili a inda yake ranar da aka fara aunawa, bayan mako shida yana −¼ × 6 = −6/4, wato mita ɗaya da rabi ƙasa da alamar. Misalin rijiya ya fi dacewa, domin igiyar guga layin lamba ce a tsaye, kuma kalmar “ƙasa da sifili” tana samun ma'anarta ta zahiri.

5.0 Iyakar Misalin Bashi

Mai karatu yana iya cewa, tun da bashi ya yi bayani haka, me zai hana a kira lambobin nan “lambobin bashi” a huta? Tarihi ma yana goyon bayan wannan ra'ayi. Brahmagupta, masanin lissafi na Indiya, da ya tsara ƙa'idojin waɗannan lambobi a shekarar 628, da kalmomin dukiya da bashi ya yi bayaninsu. Abul Wafa, wanda ya rayu a Bagadaza a ƙarni na 10, shi ma ya kira irin wannan lamba bashi a littafin lissafin da ya rubuta don magatakarda da 'yan kasuwa. Tun kafin su, masu lissafi a Sin suna bambanta iri biyun da tsinkayen ƙirga ja da baƙi.

Duk da haka ban goyi bayan a mayar da bashi sunan lambar ba. Misali tsani ne, kuma wannan tsanin gajere ne. Yana kai ɗalibi ga −2/3 × 4, amma a babi na gaba za a tambaye shi −2/3 × (−4), kuma bashi sau bashi ba magana ba ce. Wannan irin cikas ne ya sa har a 1758 Francis Maseres a Ingila yake rubutu yana ƙin amincewa da waɗannan lambobi. Idan masana sun yi ƙarnuka suna tuntuɓe a wurin, bai kamata mu ɗauka yaro zai tsallake shi da haddar layi ɗaya ba. Abin da zai ɗore shi ne hujjar da ta fito daga lissafin kansa. Mun san 2/3 + (−2/3) = 0. Idan aka ninka wannan jimla sau huɗu, amsar sifili ce. Amma ninka jimla daidai yake da ninka kowane sashe a tara. Sashen farko ya ba da 8/3, don haka dole sashe na biyu ya zama lambar da za a tara da 8/3 a sami sifili, wato −8/3. Wannan hujja layi huɗu ce a allo, kuma ita ɗin ce za a sake amfani da ita, ba tare da canji ba, a nuna cewa −2/3 × (−4) = 8/3. Daftarin bai kawo ta ba ko a bayanin da aka keɓe wa malami.

6.0 Shawarwari

Bisa ga abin da ya gabata, ina ba da shawarar a sake rubuta babin a kan wannan jeri. Da farko a zaɓi suna ɗaya a tsaya a kansa daga farkon littafi zuwa ƙarshensa, a kuma bayyana ayyuka uku na alamar − tun kafin a shiga ninkawa. Na biyu, a fara da ɓangare a hagu, cikakkiyar lamba a dama, yadda “sau” zai yi aikinsa na asali, a warware misalan farko ta hanyar maimaita tarawa a layin lamba. Na uku, a haɗa karatun “biyu bisa uku” da na “sulusi biyu” a duk inda ɓangaren yake da suna, a kuma nuna wa ɗalibi cewa inda babu suna, kamar 3/11, lambar ƙasa ita ce take tsayawa a matsayin sunan. Na huɗu, a bar ɗalibai su fitar da ƙa'idar da kansu bayan misalai, sannan a tabbatar da ita da hujjar sifili. Na biyar, a sa a aikin aji tambayoyin da ke neman a gano kuskure, alal misali a ba ɗalibi −3/4 × 6 = −18/24 a ce ya faɗi abin da ya lalace, ya kuma kawo amsar gaskiya, wato −4½.

Ga masu tsara manhaja kuma, abin da wannan babi ya nuna shi ne bai wadatar a ba masanin lissafi ya rubuta, sannan a miƙa wa masanin harshe ya gyara ƙa'idojin rubutu ba. Ya kamata su zauna tare tun daga farko, da malamin aji a tsakaninsu, kuma a karanta kowane lissafi a bayyane da Hausa kafin a amince da shi. Daɗin daɗawa, kafin a buga, a kai babin wasu makarantu a gwada shi, a saurari yadda yara suke karanta alamomin da bakinsu, domin a nan ne ake jin inda fahimta ta karye.

7.0 Kammalawa

Wannan sharhi ya duba babi ɗaya ne daga daftarin jagoran malami, ya nuna cewa amsoshinsa daidai suke, amma sunan da ya ba lambar, da jerin da ya bi wajen rubuta ninkawa, da misalin da ya zaɓa, duk sun biyo tsarin wani harshe ne. An kuma nuna cewa Hausa tana da kayan aikin da darasin yake buƙata, wato “sau” da sunayen ɓangarori da “kishiya”, waɗanda daftarin ya bari bai taɓa ba. Ɗalibin da ya haddace ƙa'idar mataki uku yana iya cin jarrabawar wannan zango, amma zai tsaya cik ranar da aka ce ya warware −2x/3 = 4, domin a ranar ma'anar alamar ake nema a wurinsa. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, kuma wannan littafi har yanzu daftari ne. Ina ba kwamiti shawarar a mayar wa mawallafan babin tare da waɗannan bayanai, a kuma duba sauran babukan da suka shafi lambobin ƙasa da sifili da irin wannan ma'auni kafin a ba da izinin bugawa.